Akwatin Yaya Tanimu da Rawanin Surukina

Duk wanda ya san yayana Tanimu, Allah ya jiƙansa, ya san shi da akwatin ɗaukar hoto a kafaɗa, wanda ya samo lokacin da yake bin motar majigi, farkon samun mulkin kai. Abin da ba kowa ya sani ba, yawanci babu fim a ciki. Sai ya yini yana murza hannun akwatin a banza, har mutane su gaji da gyara zama su koma harkokinsu. Sannan ne zai sa fim.

"Fim da tsada," in ji shi. "Ba zan ɓata shi a kan fuskar aro ba."

A kasuwar Hunkuyi wani mahauci ya wanke hannu, ya kafa hula, ya tsaya ƙiƙam. Yaya ya ce, "In ka gama zama gawa ka aiko mini." Da aka buɗe wata rijiya a Ikara kuwa, manya suka jeru, shi kuma ya ɗauki ƙafafunsu kaɗai. Wai fuska ta iya ƙarya, faso bai iya ba.

Ni abin ya fi shafa. Ina neman auren Hajara, 'yar Malam Iro na Furana, dattijo mai ji da kansa, sai na cika baki na ce yayana zai sa shi a majigi. Malam Iro ya naɗa rawani ya zauna a ƙofar gida, kwana da kwanaki Yaya na murzawa.

Ranar nunawa aka rufe ƙofar zaure da tabarma, dangin Hajara suka cika, aka tayar da inji. Sai ga Malam Iro a bango, daga shi sai wando, yana bin jakin da ya shiga gonar rake. Ya cafke wutsiya, jakin ya ja shi cikin laka.

Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Na raɗa wa yayana, "Yaya, ka kashe mini aure."

"Kai dai dubi gudun," ya ce. "Tsohon nan da sauransa."

Malam Iro ya yi gyaran murya. "Malam Tanimu, ina rawanina?"

"Baba, rawani kowa na da shi. Kama jaki ta wutsiya, kai kaɗai na gani."

Na daina bi ta Furana don kunya. Daga baya dattijon ya aiko cewa ya ba ni Hajara, da sharaɗin kada akwatin nan ya zo ɗaurin aure. Yaya ya zo hannu rabbana, ya zauna yana kallon ƙafafun jama'a yana cewa, "Asara." Ni kuwa har surukina ya rasu, in na durƙusa gaishe shi jaki ya yi kuka, sai gumi ya karyo mini.

Yaya bai suturta kowa ba a fim ɗinsa, amma bai yi wa kowa ƙarya ba. Ya Allah, Kai da kake ganinmu ba rawani, Ka suturta Tanimu, Ka yi masa rahama. Amin.