Ganyen Gonar Maƙwabci

Ban taɓa mantawa da ranar da aka tura ni ƙauyen Fassi in gabatar wa manoma sabuwar manhajar ƙirƙirarriyar basira ba. Lokacin ina sabon malamin gona a Kibiya, ba a ma tabbatar da ni a aiki ba. Tsakiyar damina ce, masara ta yi kore shar, iska tana kaɗa ta tana rausaya kamar amarya.

Ga wanda bai sani ba, manhajar a waya take. Ka ɗauki hoton ganye, ta duba, ta faɗa maka da murya, da Hausa, abin da take zaton yana damun shukar. Tana kuma ba da shawara kan taki da feshi. Na ƙaunace ta tun ranar farko, har mafarkin taron nake yi, ana ta tafa mini.

Shugabar sashenmu, Hajiya Rabi, ta zo daga Rano don ta gani da idonta. A mota ta ce, "Sabi'u, in manoma ba su karɓa ba, abin da zan rubuta a kanka ke nan. Ka san sauran."

Tun kafin ranar na aika cewa kowa ya zo da ganye daga gonarsa. Muka zauna a ƙofar gidan mai unguwa, na yi bayani, na karɓi ganyen farko. Manhaja ta ce ba ta ga alamar cuta ba. Na biyu ma haka. Na uku ma haka.

Wani dattijo, Baba Haladu, ya gyara hula ya ce, "Malam, wannan ai maroƙiya ka kawo mana. Kowa ta gani sai yabo!"

Aka kwashe da dariya. Hajiya ta dube ni ta saman tabarau. Na san akwai lauje cikin naɗi, domin a hanya na ga gonakin da tsutsa ta yi wa kaca-kaca.

Na matsa kusa da mai unguwa na ce, "Ranka ya daɗe, ina ganyen da ke da ciwo?"

Ya rage murya. "Ɗana, ga surukina can zaune. Wa zai ɗaga ganye mai huji a bainar jama'a, a ce rumbunsa ba zai cika ba bana? Kowa mafi kyau ya tsinko."

Sai na miƙe na ce, "Jama'a, ko akwai wanda ya ga ganye mai ciwo a gonar wani, ya taimaka masa?"

Can Baba Haladu ya sa hannu a aljihu, ya zaro ganyen masara duk huji. "Na maƙwabcina ne, bawan Allah."

Na kusa da shi ya yi farat ya ce, "Haladu, ni ne maƙwabcinka, kuma bana gyaɗa na shuka!"

Wannan karon dariyar har da Hajiya. Na ɗauki hoton ganyen. Manhaja ta ce alamun sun yi kama da ɓarnar tsutsa, a leƙa cikin tsakiyar shukar da sassafe, kuma a tuntuɓi malamin gona kafin a yi feshi. Baba Haladu ya ce, "Wallahi ta sani. Zan gaya wa mai gonar."

Kafin ka ce me, aljihunan jama'a suka fara buɗewa. Ashe kowa ya zo da nasa a ɓoye. Ranar na duba ganyen gonakin maƙwabta, da na ƙannai, har da na wani aboki da ke ƙauyen Kahu, ba wanda ya ce nasa ne. Da muka shiga mota Hajiya ta ce, "Sati mai zuwa ƙauyen Durba za ka da manhajar." Na yi hamdala.

Ku da kuke shigowa aikin yanzu, manhaja za ta gane ciwon ganye, wani lokaci ma ta kuskure, ku gyara mata. Amma ba ita za ta fito da ganyen daga aljihu ba. Manomi yana son magani, ya fi son mutuncinsa. Ku rufa masa asiri tukuna, shi da kansa zai kai ku gonar.