Littattafan Yaya Saude da Gonar Tanimu

Shekara tara ke nan da muka kai Yaya Saude makwancinta, ana tsakiyar damina, masara ta fara goyo. Ita ce babbar yayata, uwa ɗaya uba ɗaya. Duk shekara idan lokacin ya zagayo, addu'a muke yi mata a gida, a raba waina, shi ke nan. Bana na ga ya kamata in rubuta wani abu, domin maganar da ta faɗa mana tana raye muka yi mata dariya, ita ce yau ta hana mu sakewa.

Ba zan faɗi sunan garinmu ba. Ya isa in ce yana tsakanin Tudun Wada da Doguwa, kuma idan ka tsaya a bayan gari kana hango duhun dajin Falgore. Wanda ya san yankin a 'yan shekarun nan ya san abin da zai sa mutum ya ɓoye sunan garinsu.

Yaya malamar firamare ce. Ta fara koyarwa a Ƙofa ta ƙasar Bebeji, aka mai da ita Kiru, daga baya ta dawo gida. Tun tana kwalejin horon malamai jininta ya haɗu da na wata malama Ba'indiya mai koya musu tarihi. Da matar za ta koma ƙasarsu, sai ta bar mata littattafai uku na Turanci, duk a kan mace ɗaya: wata sarauniya ta ƙabilar Rajput, mayaƙan arewa maso yammacin Indiya, wadda aka ce ta rayu shekaru ɗaruruwa da suka wuce. Na farko waƙa ce doguwa da aka fassara. Na biyu wani Bature ne ya bi maroƙan ƙasar ya rubuta abin da suka gaya masa. Na uku, wanda ya fi ƙanƙanta, wani masanin tarihi ne ɗan ƙasar ya rubuta, shi kuwa cewa ya yi bai ma tabbata an taɓa yin sarauniyar ba. Yaya ta ɗinka musu riga da atamfa, tana ajiye su a akwatin ƙarfe da ganyen darbejiya saboda gara.

Ranar Alhamis da la'asar matan unguwa sukan taru a tsakar gidanta suna ɓarar gyaɗa, ita kuma ta buɗe littafi tana juya musu shi da Hausa. Da farko sun zaci rawa da waƙa za su ji irin na finafinan Indiya. Abin da suka ji daban ne. Sarki ne da birninsa a kan dutse, ganuwa ta kewaye shi, da matarsa wadda babu mai kyanta a ƙasar. Wata rana ya fusata da wani masani na fadarsa, ya ci masa mutunci, ya kore shi. Mutumin ya wuce kai tsaye wurin babban sarkin Delhi, ya yi ta siffanta masa sarauniyar har ya tayar masa da hankali. Aka yi gayya aka kewaye birnin. Da mutanen ciki suka ga babu mafita, sai matan suka hura wuta suka shiga, sarauniya a gaba, don kada a kama su. Mazan suka buɗe ƙofa suka fita aka karkashe su.

Labarin ya kai kunnen limaminmu na wancan lokaci, ya aiko a gaya mata cewa kashe kai haramun ne, kada ta koya wa mata abin da zai kai su ga halaka. Yaya ta sa hijabi ta je har zaurensa, ni na raka ta. Ta gaishe shi ta ce, "Allah gafarta Malam, ni ma abin da nake gaya musu ke nan. Ba wutar nake so su riƙe ba. So nake su ga inda aka faro kafin a kai ga wutar." Malam ya ce ta je, Allah ya yi mata albarka.

Haka take. Kyan sarauniya bai dame ta ba, ko an yi ta ko ba a yi ta ba ma ba ta tsaya gardama a kai. Mutumin nan da aka kora shi ne ya tsaya mata a rai. Takan ce duk masu ba da labarin sun zage shi, sun kira shi maci amana, amma babu wanda ya tambayi sarkin me ya sa bai tura a dawo da shi ba tun bai yi nisa ba.

Shekara huɗu kafin rasuwarta aka sace shanun huɗa biyu na ƙanin mai gari. Aka bi sawu ya shiga daji. Akwai wani maharbi a garinmu, Tanimu, mutum marar yawan magana, wanda babu wata hanya ko mashaya a dajin nan da bai sani ba. Gonarsa tana maƙwabtaka da tawa a bakin rafi. Wani ya ce ya gan shi ranar kasuwa yana hira da baƙi. Iyakar shaidar ke nan. Aka kamo shi aka ɗaure a ƙofar mai gari da rana tsaka, aka karya bindigarsa ta farauta a gabansa, aka ce kada faɗuwar rana ta same shi a garin. Ina cikin waɗanda suka riƙe igiyar. Ban taɓa rubuta wannan ba sai yau.

Mata ba sa zuwa irin wannan taro, amma sai ga Yaya. Ta durƙusa ta gaida mai gari, ta ce, "Ranka ya daɗe, idan ya yi sata a kai shi gaban alƙali. Idan babu shaida a kwance shi a ba shi haƙuri. Amma kada a wulaƙanta mutumin da ya san daji kamar tafin hannunsa, sannan a kora shi cikin dajin ba shi da komai."

Mai gari ya ce, "Malama, wannan a littafin Indiyawanki kika karanto?"

Aka kwashe da dariya, har da ni.

Ta ce, "A nan na karanto, ranka ya daɗe. Su ganuwarsu ta dutse ce. Tamu ta kara ce."

Ba a saurare ta ba. Da aka kwance Tanimu ya kama hanya, ita kaɗai ta bi shi har bakin titi da fura a ƙwarya da wani zane da ta naɗe masa kayansa a ciki. Ni kuwa ta yi wata guda ba ta amsa gaisuwata ba. Mai gari ya raba gonar Tanimu ga maƙwabta, kaso mafi girma, na bakin rafi, ya faɗo hannuna.

Bayan damina biyu aka gane shanun a hannun wani dillali wajen Kiru. Da aka matsa masa ya faɗi wanda ya sayar masa: surukin mai shanun ne. Aka kashe maganar a cikin gida. Babu wanda ya ce a nemo Tanimu. Yaya ta same ni ina wasa fartanya ta ce, "Garba, ka cire hannunka daga gonar nan." Na ce, "To Yaya, bari in cire amfanin bana." Na cire na bana, na cire na baɗi. Ciwo ya kwantar da ita, ta tafi ba ta sake tayar mini da maganar ba. Ni kuma na ci gaba da noma wurin, domin ƙasar tana da kyau, shinkafa tana yi sosai.

Da za ta leƙo yau, ban san ko za ta gane garin ba. Gidaje sun ƙaru, an yi rufin kwano, kowa da wayarsa. Amma ana kiran la'asar za ka ga mutane suna baro gona, ko aiki bai ƙare ba. Idan aka ji ƙarar babur da ba a saba ji ba, mata su kwashe yara su shige ɗaki. Fulanin da suka shekara da shekaru suna kawo mana nono sun tashi; Arɗonsu ya zo sallama, da aka tambaye shi dalili ya ce daji ya yi sababbin masu shi. Mun kafa 'yan sintiri. Abin da ya fi muni shi ne yadda muke kallon juna. Wanda ya yi sabon babur, ana tambayar ina ya samu. Wanda ya keɓe yana waya, ana lura da shi. Ba a taɓa mu ba tukuna, alhamdulillahi, amma labarin garuruwan da aka taɓa kullum ƙara matsowa yake yi.

Bayan rasuwarta an yi fim a kan sarauniyar nan, an juya shi da Hausa, matasanmu sun kalla a waya. Na ji suna yaba kayan ado da dawakai da yadda matan suka nufi wuta ba tsoro. Kwanaki matata ta dawo daga ɗiban ruwa. Ta ce wata maƙwabciyarmu mai 'ya'ya huɗu ta leƙa rijiya ta ce, ita da a tafi da ita daji gara ta faɗa nan, kuma babu matar da ta ce mata kul. Da Yaya tana nan, na san a ranar za ta tara su. Za ta gaya musu rai ba nasu ba ne. Daga nan ta sa hijabi ta zo ta same mu, mu maza, ta tambaye mu me muka yi har matanmu suka fara auna zurfin rijiya.

A ranin da ya wuce na je kasuwa a Doguwa sayen iri. Ina tsugune gaban mai awo sai na ji an ce, "Garba." Na ɗaga kai. Tanimu ne. Gemunsa ya yi fari, yana sanye da shadda mai kyau. Can gefe wasu mutum biyu suna jiransa a kan babura, sun rufe fuska da rawani. Muka gaisa, ya tambayi iyali, ya tambayi gari. Sannan ya ce, "Ina Malama?"

Na ce, "Ai ta rasu, an daɗe."

Ya cire hula ya yi addu'a mai tsawo. Da ya shafa ya ce, "Ita kaɗai ce." Bai ƙarasa ba. Ya mayar da hularsa ya dube ni. "Bakin rafi har yanzu yana yin shinkafa?"

Na ce yana yi.

Ya ce, "Na sani. Na gani." Ya hau bayan ɗaya daga cikinsu suka tafi.

Ba zan ɗora masa abin da ban gani ba, na yi haka sau ɗaya ya ishe ni. Mai yiwuwa fataucin gawayi yake yi, mutanen nan kuma 'yan acaɓa ne kawai. Amma tun daga ranar nake tambayar kaina yaushe ya ga gonar, kuma shi da wa.

Na je na sami mai gari na yanzu, ɗan wancan ne, na ce a nemi Tanimu a ba shi haƙuri a bainar jama'a kamar yadda aka tozarta shi a bainar jama'a, a mayar masa da gonarsa. Ya ce za a duba. Sauran waɗanda aka ba kaso suka ce tsoro ne ya kama ni. Gaskiya ne, tsoro ne. Kunyar da nake ji ita ce, abin da yayata ta nema a wurina don Allah, sai da tsoro ya zo na yi shi. Bana ban shuka kason da ke hannuna ba. Na ba wani direba mai bin hanyar Doguwa saƙo, cewa gona tana jiran mai ita.

Yaya ba ta bar gida ko garke ba. 'Yarta ta gaje ta a aji, ita ce yanzu mata suke zuwa wurinta da matsalolinsu. Abin da ya rage nata a wurina kuwa wata ɗabi'a ce da ta maƙale mini a makare: idan aka ce abokin gaba yana tafe, kafin in kalli daji sai in waiwaya in duba wa muka zalunta a cikin gida. Ba ta da daɗi, amma na kasa yar da ita. Allah ya jiƙan Yaya Saude, ya haskaka kabarinta, ya yafe mana abin da ta gani a gare mu ta yi haƙuri.

Har yanzu amsar saƙona ba ta zo ba. Shekaranjiya da safe na zaga bakin rafi. Ciyawa ta rufe fegin, shinkafar maƙwabta ta kewaye shi ta ko'ina. A kan taɓon gefen na tarar da sawun babura uku, sabo, da alamar inda mutane suka sauka suka tsaya. Ba su taɓa komai ba. Sawun bai shigo gari ba, bai kuma bi titi ba. Daji ya koma.