Takardun Ƙosan Iya

Wata Asabar ce cikin damina, shekarar da nake aji shida na firamare, Iya ta tashe ni daga bakin kasko da hantsi, ta ce in bi gidajen unguwarmu ɗaya bayan ɗaya in nemo mata wata takarda da na naɗe wa mai saye ƙosai da ita. Yayyafi ake yi, lungunan cikin birnin Zariya duk sun caɓe, ni kuwa haushi ya cika ni, don a ganina wahalar banza ce. Amma ban taɓa ganin Iya ta sauke mai daga wuta alhali masu saye na tsaye ba sai ran nan.

Iya kakata ce ta wajen uba, ƙosanta kuma ya yi suna daga layinmu har bakin ganuwa. Ba ta taɓa shiga aji ba. Takardun naɗin Kawu Idi ne ke kawo mata a buhu daga unguwar Kongo, inda yake shara a jami'a, tsofaffin mujallun masana da rubuce-rubucen ɗalibai da aka zubar. Iya ta kafa doka cewa mai ba zai taɓa takarda ba sai an duba ko akwai sunan Allah ko aya a jikinta. Da yake ni ce na fi nisa a boko cikin jikokinta, aikin ya faɗo kaina, bayan surfen wake da kai niƙa da jan ruwa a rijiya. Ƙawayena na can gindin durumi suna carafke, ni ina kan tabarma kowace la'asar ina juya shafuka.

Da farko dubawa kawai nake yi in ajiye. Wata rana ta hango zanen ƙasusuwan mutum, ta ce, "Wannan me yake faɗi?" Daga nan na shiga uku. Kullum sai na karanta na fassara mata, da guntun Turancina da wani ƙamus marar bango na Baba. Ta ji yadda gara ke gina shuri, da dalilin kusufin wata, da yadda magabata suka gina ganuwa da hannu, har da gardamar masana kan harshen da ya kamata a fara koyar da yaro da shi. In na tsallake wuri mai wuya, sai ta ɗago kai daga tsintar wake ta ce, "'Yar boko, bakinki bai kai tsawon takardar ba. Koma baya." Takan yi musu da marubutan kamar suna zaune a gabanta. Wani da ya yi bayanin rini ta ce da jin maganarsa bai taɓa tsoma hannu a marina ba. Wanda ya burge ta kuwa, Bature ne ko baƙi, sai ta sa masa albarka.

Ranar Juma'ar da ta gabaci wannan Asabar muka faɗa kan wani rubutu game da ƙyanda. Mun san Iya ta rasa ɗanta na fari yana ɗan shekara biyu, tun kafin a haifi Baba, amma ba a zancen, kuma saboda kunyar ɗan fari ban taɓa jin sunansa a bakinta ba. Sai daga baya Gwaggo ta gaya mini sauran. Ƙyanda ce ta kama shi, da zazzaɓi ya yi zafi Iya ta yi masa wanka, da ya rasu matan gida suka ce wankan ne ya mai da cutar ciki. Shekara arba'in da ɗoriya tana ɗauke da wannan magana. Ni ina karatu ina hamma, na zo ƙarshen shafi inda marubucin ke cewa iyaye mata da yawa sun yarda wanka na mai da ƙyanda ciki, sai aka kira magariba. Iya ta ce mu ƙarasa gobe. Da sakarcina na haɗa shafi na gaba cikin takardun naɗi, gari na wayewa na miƙa shi da ƙosai ban san ga wa ba. Da hantsi Iya ta tambayi inda shafin yake, na faɗa mata gaskiya.

Gida tara na shiga. Wasu sun hura wuta da tasu, ta wani gida akuya ta cinye. A zauren Malam Tanimu mai ɗinkin manyan riguna na same ta a maƙale jikin taga, don shi ma ba ya barin rubutu a ƙasa. Mai ya ratsa ta har rubutun gaba da na baya sun haɗu. Da na koma na tarar da Iya zaune inda na bar ta, murhu ya mutu. Na ɗaga takardar wajen haske na karanta a hankali: wanka ba ya mai da ƙyanda ciki, shafa wa yaro ruwa ma sassauta zazzaɓi yake yi, abin da ke kisa shi ne cutar ta taɓa huhu ko gudawa ta biyo baya, kuma kafin zuwan rigakafi yara sun yi ta mutuwa a hannun iyayen da suka fi kowa kula.

"Ba ki ƙara naki ba?" ta tambaye ni. Na rantse mata. Ta sa na maimaita har sau uku, sannan ta rufe fuska da bakin zane ta ce, "Ashe ba ni na kashe Muhammadu ba." Ranar na fara jin sunansa, ranar kuma na fara ganin kukanta. Ta ninke takardar ta shige ɗaki, da ta fito ta sake hura wuta, ƙosan ran nan gaba ɗaya sadaka ta yi da shi.

Yau ni ke koyarwa, rubuce-rubucen masana kuma fal a wayata, ba buhu ba maiƙo. Sau da yawa nakan leƙa farkonsu in wuce, babu mai ce mini in koma baya, kuma ina kewar wannan tsawa. Da Iya ta rasu muka buɗe kwallar da take ajiye turare da 'yan kunnenta, sai ga takardar a ƙasa, a naɗe cikin ƙyalle. Har yau ban haɗu da makaranci irin Iya ba, ita da ba ta san harafin boko ko ɗaya ba.