Yatsan Zakiru Mai Yankan Farce

Shekara goma sha tara ke nan Zakiru yana kaɗa almakashi yana yankan farce tsakanin unguwar Sotega da tashar jirgin ruwa ta Port Môle, a ƙasar Gabon. Mutumin Madawa ne, siriri, kuma ba ya yafe raini. 'Yan dako da direbobin taksi sun san ƙas-ƙas ɗin almakashinsa tun bai ɓullo ba. Abin da ya yi suna da shi shi ne shiga lungu: ya kan bi gefen farce ya ƙwaƙule har ƙasa, ya zagaye shi kamar bakin cokali, mai ƙafa ya tashi yana jin iska na ratsa yatsunsa. Haka ubansa ya koya masa, haka kuma yake yi wa kansa duk Alhamis.

Sai babban yatsansa na dama ya yi ja. Farcen ya toho ya nutse cikin nama. Ya ƙara ƙwaƙulewa. Ya shafa man kaɗanya, ya fasa kafso ya barbaɗa, ya koma sa takalmi rufaffe cikin ruwan sama da kwatamin Sotega don kada ido ya gani. Wata biyu yana ɗingishi yana cewa gwiwa ce. Ranar da mugunya ta ɓata tabarma, matarsa Madina ba ta tambaye shi ba, ta tare taksi zuwa asibiti.

Likitar 'yar Gabon ce, ba ta fi sa'ar ƙanwarsa ba. Ta duba yatsan, ta tambaye shi da Faransanci wa ke yanke masa farce.

"Wani ne can a tasha," in ji Zakiru.

"Masu yawo da almakashi ko? Duk mako sai na karɓi aikinsu. Suna sare gefe, farce ya rasa hanya ya shige tsoka. A miƙe ake yankewa, shi ke nan."

Ta yi masa allura a gindin yatsan, ta tsaga gefen farcen ta cire shi har saiwa. Bai ji zafi ba. Maganar ce ta ƙona shi. Ta ce ya ɗaga ƙafa bisa matashi, kada ruwa ya taɓa bandejin, kada ya sa rufaffen takalmi har mako biyu, ya riƙa dawowa wankin ciwo.

Kwana huɗu yana kwance yana zagi. Yarinyar da ba ta taɓa tsugunawa gaban ƙafar ɗan dako ba ce za ta koya masa farce? Ya aika wa mutanen tasha cewa zazzaɓi ne. Amma in ya yi shiru sai ƙafafu su riƙa zuwa masa ɗaya bayan ɗaya: Moussa da ya yi wata guda da silifas ɗaya, da wani Bamale da ya daina zuwa ba sallama. A lokacin cewa ya yi takalminsu ne ya matse.

Ranar Juma'a ya kwance bandejin ya kwarara ruwan alwala a kan ciwon, ya cusa ƙafar cikin takalmi.

"Baban Hafiza, shafa ake yi a kan bandeji, ka fi ni sani," in ji Madina.

"Ba na zuwa gaban Ubangiji da rabin alwala."

"Ubangiji ya ga yatsan tun yana wari. Idon Bouba ɗan dako kake tsoro."

Ya buga ƙofa ya fita. Ya dawo safa ta manne da jini. Madina ta jiƙa ta da ruwan ɗumi da gishiri tana ɓanɓarewa, hannunta a hankali, bakinta kuwa babu sauƙi.

"Mako biyu aka ce, ka mai da shi biyar. Don kada a ce wanzami ya ji ciwon aska. To an ce! Ni ce zan faɗa."

Ba ta faɗa ba. Shi ya kai kansa Port Môle bayan mako biyar, da silifas, yatsa a waje, farcen ya rage kamar tsinken ashana. Bouba, babban ɗan dako, wanda ya fi kowa daɗewa a hannunsa, ya kalli ƙafar ya kwashe da dariya.

"Lalle wannan zazzaɓi ya san inda zai sauka! Zo nan, malam, ka shiga mini lungu, na yi kewar hannunka."

Ya ɗora ƙafa a kan ɗan katakon aikin Zakiru. Zakiru ya tsuguna, ya ga gefen babban yatsan ya ɗan tasa, ya yi sheƙi. Ya danna. Bouba ya ja numfashi ta haƙori.

Zakiru ya yanke farcen a miƙe, ya goge kaifin, ya ajiye almakashi.

"Ina sauran?"

"Babu saura. Ka riƙa jiƙa shi da ruwan gishiri. In bai sauka ba ka tafi asibiti."

"Asibiti? Kai ne ko an canja mana kai?"

"Ni na yi maka wannan," Zakiru ya faɗa da ƙarfi, har masu jiran jirgi suka waiwayo. "Ni na yi wa Moussa. Ni na yi wa kaina. Kana son ƙari?"

Bouba ya zare ƙafarsa, ya ja tsaki, ya tsallaka wurin wani mai almakashi da ke zaune gindin katanga. Mutum biyu da ke jiran layi suka bi shi. Zakiru na tsugune yana kallon wancan yana soka tsinin almakashi cikin lungun yatsan Bouba, shi kuwa Bouba ya lumshe ido don daɗi.