Sun rufe fuskata, sun bar gaisuwa

Tun da ya faɗi zaɓe Onarabul ya koma mutumin talabijin. A da shi ke wakiltarmu a majalisar jiha. Yanzu duk shirin da za a yi kan rashin tsaro sai a sako tsohon hotonsa yana buɗe rijiyar burtsatsen garinmu, wadda ta mutu tun ina firamare, sannan a nuno shi da furfura yana girgiza kai.

Bayan 'yan bindiga sun sako mu, ni da matan da suka kwashe a gonar albasa, sai ga shi a ƙofar gidanmu da masu kyamara. Lokacin ko kwano ya faɗi sai in zabura. Na ce ba zan yi magana ba.

"Ɗiyata, kak ki ji tsoro," in ji shi. "Ruhe huskarki za su yi. Ko innarki ba ta gane ki."

Babana ya ce, "Ranka shi daɗe, yarinyar ga ba ta dawo daidai ba."

"Don haka munka zo, duniya ta ji."

Aka shimfiɗa tabarma kusa da rumbun albasarmu, aka kunna kyamara. To shi Onarabul bai iya zama ba tare da gaisuwa irin ta kamfe ba. Ya riƙe hannun babana, ya kira shi Sarkin Noma, ya faɗi sunan garinmu, ya yi wa kakana addu'a, ya tambayi shanu. "Wanga gida nau na, tun zaɓen hwari."

Sannan aka juyo kaina. Na faɗi abin da na iya faɗa. Da mai tambaya ya matsa, bakina ya suɓuce, na ce akwai muryar da na gane a cikin 'yan bindigar, ta wani da ke cin kasuwa da mu.

Da shirin ya fito, a wayar yayana na gani. Fuskata kam sun dusashe ta. Amma gaisuwar tana nan, ba su yanke ko kalma ba, har da rumbun.

Babana ya kira Onarabul a waya. Ina jin amsar daga inda nake zaune: "An riga an watsa, Sarki. Sai addu'a."

Ban taɓa gaya wa kowa muryar wa na gane ba, ko innata. Ran kasuwar Shagari babana ya dawo yana cire takalmi, ya ce mutane sun yi ta yi masa jaje. Ya ce har mai awon hatsin nan na bakin tasha ya biyo shi, ya tambayi jikina, ya ce wai har yanzu gida nike ko an kai ni wani wuri.

"Mi kac ce mai, Baba?"

"Na ce kina gida mana."

Ban ci tuwo ba ranar. Da safe na roƙi yayana ya kai ni Bodinga wurin gwaggona, a kan babur, na rufe fuska da hijabi har muka wuce tasha.