Littafin da Muke Turawa ta Rariya

Ranar Asabar da ta biyo bayan Babbar Sallah, ina aji biyar, magina suka shigo gidanmu na Tudun Wada suka raba tsakar gida biyu da bulo. Babana da ƙanensa, Baba Ƙarami, sun ɓata kan gonar kakanmu. Rijiya ta faɗo ɓangarenmu, bishiyar gwaiba ta tafi nasu, ta tafi da Hadiza, 'yar Baba Ƙarami, wadda muke cin tuwo kwano ɗaya tun muna rarrafe. Inna ta ja mini kunne: "Ko a makaranta kar in ji kin kula ta."

Wayyo, na sha kaɗaici! Ni kaɗai nake jan ruwa, ni kaɗai nake surfe, ina jiyo muryarta tana 'yar gala-gala da wasu. Wata safiya ina shara sai ga littafin rubutu a ƙunshe cikin leda, an turo shi ta rariyar ƙasan katanga. Hadiza ce ta ƙirƙiro labari: wa da ƙane, Audu da Sale, suna rigima kan akuya. Ta cika shafi ɗaya, ta bar mini na gaba. Haka muka yi ta yi har damina ta wuce. Ba mu taɓa faɗin su wa muke nufi ba, amma a shafinta kullum ƙanen ne mai gaskiya, a nawa kuwa wan. Ita dai ta yi ƙoƙari, har ta sa Sale ya kai wa Audu fura da ya kwanta ciwo. Ni ce uwar son a sani. Na ji Inna tana cewa Baba Ƙarami "munafuki ne tun yana goye", na kwashe maganar tsaf na sa a bakin Audu, don kawai shafina ya fi nata zafi. Littafin bai dawo ba. Sati uku ina durƙusawa ina leƙa rariya, ba abin da ke fitowa sai ruwan wanke-wanke.

Yanzu an rushe katangar, iyayenmu ma sun shirya kafin su rasu. Hadiza tana aure a Hanwa, muna haɗuwa a biki ko suna, "Hajiya, ya yara?", shi ke nan. Bara na yi ta maza na tambaye ta littafin. Ta ce, "Yana nan. Rasa abin da Sale zai ce na yi."

Har yau ina jiran shafinta.