Tsingaron da Aka Wanke

Ki rubuta yadda na faɗa, Auta, kar ki gyara mini magana. Inda kika shigo cikin labarin ma ki rubuta. Ba tonon asiri nake yi ba, so nake 'ya'yansa su san ubansu kafin ya zama wannan da suke gani zaune a ƙofar ɗaki.

Yayanku tun yana rarrafe hannunsa ba ya zama. Gawayi, alli, duk abin da ya samu sai bango ya sha. Da ya girma ya zama mai rubuta allon shaguna, rumfarsa na bayan tashar mota, tsakanin mai faci da mai gyaran rediyo. Ni ban san baƙi ba, amma in na bi titi ina gane aikinsa, don kifin da yake zana wa masu firji kullum kamar dariya yake yi. Sai injin buga allo ya shigo gari, mutane suka daina zuwa wurinsa, fenti ya riƙa bushewa a gwangwani.

A lokacin ne mutanen jami'a suka zo haƙa a kufan nan na bayan gari, inda kwalta ta ƙare. Suna neman lebura, ya je. Ɗaukar ƙasa da tankaɗe ne aikinsa, har ranar da shugabarsu ta gan shi yana zana wuyan tulu a jikin takardar siminti. Ta ba shi fensir, ta ce daga yau duk abin da aka tono shi zai zana.

Ni raina bai so ba. Na ce masa abin da ƙasa ta rufe Allah ne ya rufe. Har wurin liman na kai shi. Liman ya tambaye shi ko suna taɓa kabari, ya ce a'a, murhu ne da rijiya da fasassun tukwane. Liman ya ce to ai wannan wa'azi ne, mutum ya ga inda waɗansu suka dafa suka ci suka wuce. Na ƙyale shi, amma ban daina yi masa addu'a in zai fita ba.

Unguwa ta sa masa Mai Tsingaro. Mai faci kan ce masa kowa in ya yi haƙa zinare yake nema, shi kaɗai ne ke murna in ya tono abin da kakarsa ta zubar a juji. Shi kuma ya ce ai mai faci ma da tsohuwar taya yake ci, kar tukunya ta yi wa kasko gori.

Da mutanen jami'a suka tafi, abin bai fita ransa ba. Ya ce littattafan da yara ke karantawa duk kangayen wasu ƙasashe ne a ciki, alhali ga nasu a bayan gari. Ya yi wani ɗan littafi siriri, wani mai ɗab'i ya buga masa. Ya zaunar da ni yana buɗe mini shafi: ga mutane sun iso bakin daji da jaki da tulu, ba gida ko ɗaya, ga su suna haƙa rijiya, ga shinge na farko. Yaran layinmu sai da suka karanta shi har bangonsa ya cire.

Sai aka ba da filin kufan za a yi wurin ajiye manyan motoci. Kafin katafila ta iso ya je shi kaɗai da shebur, rana tana dukansa, yana kwaso abin da zai iya. Ya buga katakai a bangon ɗakin zaure, hawa hawa. Abin da ya samu a sama-sama ya ajiye a katakon sama, na can ƙasan rami a katakon ƙasa, kowane a gwangwaninsa da ƙasarsa, ya yi alama da alli. Ya ce mini ɗakin nan rami ne aka tayar tsaye. Babban littafin da zai yi ma haka zai kasance, shafin farko mutanen jiya, yaro na buɗewa yana nitsewa, har shafin ƙarshe ya iske waɗanda suka fara sauka.

Wata rana ya kira ni, ya ɗauko wani ɗan tsingaro baƙi daga katakon ƙasa, ya kama babban yatsana ya ɗora a kai. Akwai ɗan lotso, yatsana ya zauna daidai.

"Inna, wadda ta gina tukunyar nan ita ma ba ta iya rubutu ba. Dangwale ta yi, irin naki. Ita ce shafin ƙarshe."

Na ce Allah ya jiƙanta ko wace ce. Tun daga ranar ban sake cewa ya bar aikin ba.

Ciwon suga ya kama shi, ya taɓa idon. Likita ya gaya masa gaskiya, ganin raguwa zai yi ta yi. Sai ya kama zane ba ji ba gani, daga katakon sama yana gangarowa, yana so ya kai ƙasa kafin duhu ya kai shi. Ya gama na sama, ya shiga na tsakiya, sai ya yanke jiki ya faɗi. Aka kwantar da shi asibiti, ni ce ke jinya.

Daina kukan, rubuta. Ke da yayarki da matarsa kuka ji an ce mai wannan ciwo ba ya son ƙura. Kuka ce kafin ya dawo sai ɗakin ya zama kamar na amarya. Kuka sauke gwangwanayen, kuka juye a baho, kuka sa sabulu da soso. Baƙin hayaƙin da ke jikinsu sai da kuka kankare. Kuka ware ja da ja, baƙi da baƙi, manya gefe guda, ƙanana gefe guda, kuka shanya a rana. Katakan ma kuka wanke tas, alli bai saura ba. Wallahi da na shigo sai da na sa muku albarka, don ban gane ba.

Shi ya tsaya a bakin ƙofa yana dafe da kafaɗata. Ya kai hannu ya shafa katakon ƙasa, ya dubi tafinsa.

"Sannunku da aiki," ya ce. "Ya yi kyau."

Da zagi ya yi da ya fi mana sauƙi.

Ya gwada. Ya zauna gaban baho yana kai kowane ɗaya dab da ido, yana cewa wannan kamar na tsakiya ne, kamar kuma na ƙasa. Ya sa aka kai shi kufan a babur, ya iske kankare da tireloli. Aka nemo masa shugabar nan a waya, ta ce masa ta yi baƙin ciki, amma in ba a san inda abu ya fito ba, fasasshiyar tukunya ce kawai. Mai ɗab'i ya zo har gida ya ce ya zana sauran da ka, ai yara ne, wa zai gane.

"Don yara ne shi ya sa," ya ce masa.

Bai ƙara ɗaukar fensir ba. Yanzu ko ya ɗauka ma, inuwa kawai yake gani. Zanen da ya gama na nan a ƙarƙashin katifarsa, labari ya tsaya a tsakiya, mutanen farko ba su samu shiga ba.

Da damina ta zo ruwa ya kwanta a ƙofar gida, ya ce a kwashe bahunan a cike kududdufin da su. Matarsa ta ƙi, ya ce in ba ta yi ba zai lallaba ya yi da kansa. Aka zuba. Mai faci da ya zo gaishe shi ya taka ya shigo, ya yi gaisuwa kawai ya fita, shi da bakinsa ba ya hutawa.

Na san ƙaddara ce, na kuma san ba a tambayar Allah dalili. Ina roƙa masa haƙuri, ina roƙa muku ku ma. Amma in na idar da sallar walaha nakan fita ƙofar gida in tsuguna, in riƙa ɗaukar baƙaƙen ɗaya bayan ɗaya ina ɗora yatsana. Maƙwabta sun ɗauka tsufa ne ya fara taɓa ni. Ƙafafu na ta farfasa su, kullum ƙara ƙanƙancewa suke yi. Har yau ban samu mai dangwalen matar nan ba.

Tsaya nan. Kawo tawadar in dangwala.